Bakwai a Dama, Shida a Hagu

Tun da na dawo daga Dubai bakina bai huta ba. Matan ajinmu na yaƙi da jahilci, waɗanda muka zauna benci ɗaya da su kowaccenmu da jikokinta, duk wadda ta shigo sai ta ce, "Kulu, yaya garin yake? Da gaske ko bola ba su da ita?" Na gaji da maimaitawa. Tunda Allah ya sa na iya riƙe biro, ko da yake sai da na haura hamsin, bari in rubuta sau ɗaya. Mai ido ta karanta, wadda nata ya yi rauni a karanta mata. Amma ku sani tun yanzu, ban je sarin gwal ba, ban je buɗe ido ba. Hana wani aiki aka aike ni.

Ƙanena Isiyaku, wanda duk ɓangarenmu na Jos aka sani da Koci, shi ya kafa ƙungiyar ƙwallon unguwarmu, Zaratan Tudu. Tela ne. Da rana yana kan keke, da la'asar yana fili a bayan tsohon ramin kuza da usur a wuya. Rigunan 'yan wasansa ma shi yake ɗinka musu da ragowar yadi. A shekarun da gari ya ɓaci, mutum ba ya iya tsallaka gada zuwa unguwar da ba ta addininsa ba, filin Isiyaku ne kaɗai na san ana haɗuwa daga ɓangare biyu a tashi lafiya. A filin nan ya yanke jiki ya faɗi bara waccan. Kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa.

Bayan an share makoki, tsofaffin 'yan wasansa suka haɗa kai za su yi masa mutum-mutumi na tagulla, a kafa a ƙofar filin. Jagoransu Nasiru ne, tsohon golan ƙungiyar, wanda yanzu ya zama Alhaji Nasiru mai harkar kago, wato jigilar kaya, a Dubai, kuma a can ya samo maƙerin. Da maganar ta iso gida, Kawu Bala, ƙanen mahaifinmu, babban da ya rage mana, ya ce, "Gunki ne. Ba da jininmu ba." Ni ce ta farko da ta goyi bayansa, da ƙarfi ma. Asabe, matar marigayin, tana zaune a bakin ƙofa, ba ta ce uffan ba.

Nasiru ya bugo waya ya ce a turo mutum ɗaya ya gani da idonsa. Ya rantse in wanda aka turo ya ce a'a, ba za a zuba tagullar ba, magana ta mutu.

Kawu ya ce, "A tura Kulu. Ita ba a rufe mata baki da shayi."

Haka na sami kaina a motar Abuja da jaka ɗaya da ƙullin daddawa. Hanyar kun san ta, ba sai na faɗa ba. Gaban Akwanga taya ta fashe, muka sauka muka tsaya a rana, direba yana zagin titi, titi bai kula shi ba. Wata 'yar kasuwa Bakanuwa da muka zauna kusa, ashe jirginmu ɗaya, ta ce me zan saro. Na ce ba komai. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce, "To asibiti za ki?" Na ce a'a. Daga nan ta ɗauke ni mai ɓoye sirrin kasuwa, ta daina tambaya. Amma Allah ya saka mata, ita ta riƙe hannuna a matattakalar nan mai tafiya da kanta.

A Addis Ababa muka sauya jirgi. Na shiga yin alwala, famfo ba marfi ba makunni. Na murɗa, na danna, na buga, ba ruwa. Da na haƙura na janye hannu sai ga shi ya zubo, na mayar ya ɗauke. Wata Bahabashiya mai shara ta zo ta kama hannayena biyu ta riƙe su a ƙarƙashin famfon kamar mai koya wa jariri. Ban ji kunya ba. Wanda ya zauna ajin koyon baƙaƙe yana da furfura ya riga ya gama da wannan kunyar.

Da hantsi muka sauka Dubai. Jami'in shige da fice, saurayi cikin farar jallabiya, ya nuna mini wani ɗan gilashi ya ce in kalla. Na kalla, ya buga hatimi, ko tari bai yi ba. Babu mai cewa a ba shi na goro. A wajen duba kaya ne aka tsayar da ni. Wata jami'a ta kwance ƙullin daddawa, ta ja baya da sauri ta toshe hanci. Na gutsura na sa a baki na tauna a gabanta, na ce miya. Ta kira wata, suka yi shawara, suka sa mini ita a leda uku, ta ce, "Khalas, Mama, yalla." Kalmomin nan biyu su ne rabin Larabcin garin: an gama, a tafi.

Nasiru yana jira a waje. Rabona da shi tun yana siriri kamar sandar rake, yanzu ya yi tumbi. Ya durƙusa har ƙasa a gaban Larabawa da Turawa ya ce, "Gwaggo, sannu da hanya." Na ce, "Tashi. Durƙuso ba zai sauya abin da ya kawo ni ba." Ya yi dariya, ni ban yi ba.

Ya sauke ni a Al Sabkha, unguwar 'yan sari da ke Deira. Duk dogayen gine-ginen da kuke gani a waya suna can nesa. Nan kuwa lunguna ne da shaguna da masu tura kaya a baro, kwali kan kwali, kana jin Hausa ta ko'ina kamar Kantin Kwari aka ɗauko aka dasa. Ɗakin da aka ba ni a hawa na biyar ne, taga ba ta buɗuwa, na'urar sanyi kuwa ta fi sanyin Jos mugunta. Na nemi inda ake kashe ta na rasa, sai na lulluɓa da dardumar salla. Abin da ya fi damuna, maƙwabcinka na ɗaki zai wuce ka a lif kafaɗa na gogar kafaɗa, ba sallama ba sannu. A unguwarmu wanda ya yi haka sai an je an tambayi uwarsa ko lafiya.

Abinci kuwa, ranar farko aka kawo mini shinkafar Indiyawa, ja da rawaya, ƙamshi kamar shagon turare, a baki kuwa ba ta san inda ta dosa ba. Washegari Nasiru ya haɗa ni da Ramatu, 'yar zangon Kumasi da ke aikin gyaran ɗakuna a wani otal, ranar hutunta ce. Ta kai ni wani bene inda wata mata ke tuƙa tuwon shinkafa da miyar kuka. Na ba matar daddawata, ta rungume ni kamar na kawo mata labarin haihuwa. Shayinsu mai kauri da suke kira karak, shi kam na yarda da shi.

Ramatu ta ce sai na tsallaka ruwa. Muka shiga abra, kwalekwalen katako mai inji da ke kai mutane Bur Dubai, kasuwar yadi. Ba kujera ba abin riƙewa, kowa ya zauna a gefe ya sa wa ruwa ido. Na damƙe hannunta har ta ce, "Mma, za ki karya ni." A tsakiyar ruwan ta tambaye ni abin da ya kawo ni, na faɗa mata.

Ta ce, "Mu a Kumasi kowane shataletale da mutum-mutuminsa. Ban taɓa ganin mai yi musu sujada ba. Tsuntsaye ne dai ke sauka a kansu."

Na ce, "Ku ke nan. Dubi garin nan na Larabawa. Tun jiya nake dubawa, na ga doki na ƙarfe, na ga butar gahawa ta fi ɗaki tsawo, ban ga mutum ba. Su da suka fi mu kusa da Makka."

Can ta ce, "Babana ya rasu ina nan, biza ba ta bar ni na je ba. Da na koma aka kai ni maƙabarta, yayana ya nuna nan, ƙanena ya ce a'a can ne."

Na ce, "Haka addini ya ce a yi. Kabari ba gida ba ne."

"Na sani, Mma. Ban ce laifi ba ne. Na ce dai fuskarsa ta fara ɓace mini."

Na buɗe baki zan ba ta amsa, ni ba a rasa ni da ita. Sai kwalekwalen ya bugi gaɓa, kowa ya miƙe.

Rana ta uku Nasiru ya ɗauke ni zuwa maƙerar. Muka hau jirgin ƙasansu, yana ta yi mini bayani har ya bi ni cikin taragon mata bai lura ba. Wata 'yar Filifin ƙarama ta nuna masa layin da aka ja a ƙasa, ta kore shi kamar kaza. Alhaji guda, ya koma can ya tsaya yana leƙena. A raina na ce wannan doka da za a kawo mana ita tashar Terminus ta Jos, da an huta.

Maƙerar tana bayan gari, unguwar rumfunan kwano, zafi kamar bakin tanda. Mai ita wani tsoho ne Ba'indiye, hannayensa duk tabon ƙuna, ana ce masa Usta. A tsakar wurin dawakai ne da shaho da jiragen ruwa na tagulla. Nasiru ya yi mini bayanin aikin: da kaki ake fara siffanta abu, a lulluɓe shi da laka, a gasa, kakin ya narke ya fita, a zuba narkakkiyar tagulla a gurbinsa. Na ce ai maƙeran farin ƙarfe na garinmu haka suke yin munduwa, ba sabon abu ba ne. Ya ce to na Koci yana matakin kaki, jibi za a lulluɓe. Abin da aka gyara yau ya gyaru, abin da aka bari ya zauna har abada.

Na shiga da maganata a shirye. Na tsara ta tun daga Akwanga.

Usta ya janye wani zane.

Tsayuwarsa ce. Kafaɗar nan da keken ɗinki ya ranƙwafar, ƙafar wando ɗaya a naɗe, usur a wuya, hannu a sama kamar zai ce wa wani ya koma baya. Har na buɗe baki zan ce Isiyaku. Sai na ɗaga ido na dubi fuskar. Sumul, kamar ta ɗan jariri.

Na ce, "Wannan wane ne?"

Nasiru ya ce, "Gwaggo, Koci ne mana."

"Ɗan wa? Ba dai ɗan Malam Garba Bagobiri ba. Ina tsagarsa?"

Mu Gobirawa ne. Mahaifinmu haƙar kuza ta kawo shi Jos, amma bai bar aska a gida ba. Duk wanda aka haifa a ɗakinsa, mace ko namiji, sai wanzami ya ja masa layukan nan daga gefen baki zuwa kunne. Ga su a fuskata, kun san su.

Nasiru ya hau kame-kame. Wai hoton da aka aiko wa Usta na jikin kalandar ta'aziyya ne, mai shagon hoto a Jos ya sa kwamfuta ya goge fuskar don ta yi kyau. Usta bai taɓa ganin Koci ba, abin da aka ba shi ya yi.

Na ce, "Usta bai san shi ba. Kai fa? Shekara nawa fuskar nan tana yi maka tsawa a raga?"

Ya sunkuyar da kai. Ya ce, "Na gani, Gwaggo. Na ce a bari. Yanzu an daina abin nan. Yaran da za su taso dariya za su riƙa yi, su ce mage ta yakushe shi."

"Yana raye ma an faɗa. Duk filin da kuka je wasa sai 'yan kallo sun yi masa kukan mage. Ka taɓa ganin ya rufe fuska? Kai da ya ɗinka wa wando kana tsirara, yau kai ne kake jin kunyar fuskarsa?"

Muryata ta cika rumfar, ma'aikata suka tsaya. Usta bai ji Hausa ba, amma ya dubi kakin, ya dubi kuncina, ya gane. Ya yi magana, Nasiru ya fassara a hankali: wai in na yarda ya kwafa daga fuskata.

Tun da mijina ya rasu ban zauna wani namiji ya ƙura mini ido ba. Na zauna. Na ja hijabina baya har kunne. Usta ya sa hannu biyu ya cire kan mutum-mutumin daga wuya, ashe a haɗe kawai yake, ya ajiye a tebur gabana. Sai da na runtse ido. Ya ɗumama wani siririn ƙarfe a wuta, yana duban kuncina yana ja a kan kakin, a hankali, ba ya ko numfashi da ƙarfi. Ya yi bakwai a dama. Ya juya hagu, ya yi biyar, na ɗaga hannu.

Na ce, "Faɗa masa hagu shida ne, kada ya daidaita. Kuma ta ƙarshen ba irin tawa ba ce. Tasa a karkace take, ta gangaro wajen haɓa."

Usta ya ce me ya sa. Ban taɓa faɗa wa kowa ba, sai ga ni ina faɗa wa Ba'indiye ta bakin Nasiru. Ranar da aka yi wa Isiyaku aska ina da shekara bakwai. Ni aka ba ƙwaryar ruwa in riƙe wa wanzami. Da na ga jini a fuskar jaririn hannuna ya saki, ƙwarya ta faɗi ta fashe, wanzami ya zabura, askar ta goce. Innarmu ta dake ni, daga baya ta haɗa ni da shi ta rungume tana kuka. Shi bai taɓa sani ba. In aka tambaye shi sai ya ce wanzamin ne ya sha fura ta yi masa yawa.

Usta ya saurara har ƙarshe. Ya mayar da ƙarfen wuta, ya ciro, ya juyo da marikin wajena. Ya ce, "Yalla, Mama. Shwaiya shwaiya." Wato a hankali, a hankali.

Nan ne na tuna abin da aka aiko ni yi. Ban karɓa ba, ban ƙi ba. Nasiru ya ce, murya ƙasa-ƙasa, "Gwaggo, rantsuwata tana nan. In kin ce a'a, yanzu zan sa a narkar da shi a gabanki."

Na san zai yi. Da ya yi mini gardama da abin ya zo mini da sauƙi.

Abin da ya zo raina a tsayen nan shi ne wannan. 'Ya'yana ba su da tsaga, ni na hana a yi musu. 'Ya'yan Isiyaku ba su da ita. Wanzamin ya mutu, ɗansa aski kawai yake yi. A gidanmu daga Kawu sai ni, kuma dukanmu mun kusa. Hoton da ke rataye a kowane shago na unguwa kuwa wancan gogaggen ne. Nan da shekara kaɗan, duk wanda ya ce Koci, fuskar wani zai gani.

Na karɓi ƙarfen. Kakin ya yi laushi kamar man shanu. Na fara daga gefen baki, na ja, da na zo inda askar ta goce na bar shi ya gangara. Da na ɗaga, ga ƙanena yana kallona. Nasiru ya juya ya fuskanci bango, kafaɗunsa suna motsi. Ni ban yi kuka a wurin ba. Na ce a ba ni ruwa in wanke hannu.

Ban zo in ce muku na yi daidai ba. Na san abin da malamai suka ce, ban fi su sani ba, kuma ba Ramatu ce ta juya ni ba, kada a ɗora mata. Ina neman gafarar Allah a kowace salla. Amma ba zan yi ƙarya in ce tilasta ni aka yi ba.

Sauran kwana biyun ba abin faɗa. Nasiru ya so ya kai ni dogon benen nan da kowa ke ɗaukar hoto, na ce ƙafata ta gaji. Na sayo wa jikoki dabino. A dawowa na iya famfon Addis Ababa da kaina.

Da na iso Jos ban fara zuwa wajen Kawu ba, ɗakin Asabe na shiga. Bayan gaisuwa ta yi ta juya bakin zaninta, ta kasa tambaya. Na miƙa mata wayata da hoton da Nasiru ya ɗauka. Ta daɗe tana kallo. Ta sa yatsa a gilashin tana bin layukan ɗaya bayan ɗaya, da ta zo ta ƙarshen ta tsaya.

Ta ce, "Yaya, wa ya faɗa musu wannan?"

Na ce, "Ni na ja ta."

Ta kifa wayar a cinyarta ta riƙe da hannu biyu. Ta ce, "Ranar nan da ake magana na so in ce ina so. Na ga ba hurumina ba ne."

Daga nan na wuce zauren Kawu. Yana kan buzunsa da carbi. Bai bari na gama zama ba.

"Kin hana su?"

"Ban hana ba, Kawu."

Ya ajiye carbin. "To me kika je yi?"

Na ce, "Sun goge masa tsaga, na mayar. In kwantena ta iso za ka tara mutane ka yi faɗa, ka fara da ni kafin Nasiru. Hannuna yana ciki."

Har yau bai ce ya yarda ba, kuma ban sa ran zai ce ba. Amma da na yunƙura zan tashi, sai na ga ya kai hannu kuncinsa yana shafawa. Bai dube ni ba ya ce, "Nawa suka sa a hagu?"

Na ce, "Shida."

Ya ce, "To." Ya ɗauki carbinsa.